Matar Yayana da Farar Ƙasa

Yayana ya tafi Amurka koyon aikin gona, ya dawo Jega da takardar shaida da rikoda da mata. Takardar aka rataye ta a ɗakin Inna, rikodar ta lalace kafin ta ga damina ta biyu, matar kuwa ta zauna tare da mu har tsufa.

Lokacin muna cikin Jihar Sakkwato, ni kuma ban daɗe da fara koyarwa a wata firamare a cikin garin ba. Da yake ni ce mai jin Turanci a cikin matan gidan, aikin tafinta ya faɗo kaina ba tare da an nemi shawarata ba. Anti nake ce mata, ita kuma ta ce mini Ƙanwa.

Abu na farko da ta nemi in bayyana wa mutane shi ne ita ba Baturiya ba ce. Kakanninta mutanen Meziko ne, ita kuma a Amurka aka haife ta. Iyayenta 'yan ƙodago ne a gonakin wasu, suna bin kaka daga wannan gari zuwa wancan suna cirar albasa da tumatir. A can, in ji ta, Turawa ba sa lissafa su cikin Turawa, in kuwa suka tsallaka Meziko sai a ce musu 'yan Amurka. Don haka mutanenta suka zaɓa wa kansu suna, mace a ce mata Cikana. Na yi wannan bayani a gidan suna, na yi a gidan biki, na yi a bakin rijiya. Mata su saurara da kyau, su jinjina kai, su ce Allah sarki, sannan su juya su ce mata sannu Baturiya. Waɗanda suke ganin sun waye suka ce Ba'indiya ce, tunda a lokacin malaman Indiya sun cika makarantun sakandare. Inna ta raba gardamar da kiranta Amarya, kuma ba ta sauya ba har 'ya'yan Amarya suka yi aure.

Ta musulunta tun kafin a ɗaura musu aure. Ɗaurin zani bai ba ta wuya ba, tuwon masara ma ta ce abincin gidansu ne aka sauya wa kama. Hausa kuwa a bakin Inna da 'yan kasuwa ta koya, saboda haka irin tamu ta yamma ta ɗauka, da wanga da munka da anka.

Karatun zane da koyarwa ta yi. A unguwarsu, in ji ta, zane yana zama a jikin bango, bangon shago ko na makaranta ko ƙarƙashin gada. Mutanen unguwa ke taruwa su zana aikinsu da asalinsu, don yaro mai wucewa ya ga inda ya fito. Ta ce duk littattafan da ta karanta tana yarinya babu wanda ke ɗauke da hoton mutum mai kama da mahaifinta, a bango ta fara ganinsa. Da aka ɗauke ta koyar da zane da aikin hannu a makarantarmu, ta buɗe littafin yara ta tarar da tuffa da jirgin ƙasa, abubuwan da ɗan Jega bai taɓa gani ba. Ta rufe, ta fita, ta tsaya tana kallon doguwar katangar ajin da ke fuskantar hanya.

Kowa ya gargaɗe ta da malaman addini. Aka ce ranar da ta zana mutum a bango, ranar za a yi huɗuba a kanta. Yayana ya kai mu wurin Kawu, ƙanin Inna, mai makarantar allo a unguwar Jega Magaji. Muka zauna a zaurensa, mai tsohon adon laka a saman ƙofa, na fassara masa abin da take son yi. Ya saurara bai katse ni ba. Ya ce itace da ruwa da kayan sana'a babu laifi. Mutum kuwa, in ya zama dole, a nuna bayansa ko malafa ta rufe masa fuska. Ya ce akwai waɗanda suka fi shi tsanani, in sun zo da magana a turo su wurinsa. Sannan ya shiga ciki ya fito da allon zayyana, irin wanda ake yi wa ɗalibi ranar saukar karatu, ya miƙa mata.

"Ɗiyata, duba wanga, ko ya yi maki ado a gefe," in ji shi.

Maganar da aka yi ta tsorata mu da ita ta ƙare kafin mu shanye furar da aka kawo mana.

Fenti ne babu, makaranta alli kawai take samu. Sai ta sa 'yan aji suka ɗebo jar ƙasa daga bakin gulbi, suka kankaro baƙin tukunya daga madafan iyayensu, ta sayo bula da gangamau, ta jiƙa ƙaro don launin ya kama bango. Masu zanen bayan manyan motoci a tasha suka fara da yi mata dariya, suka ƙare da kawo mata ragowar fentinsu a gwangwani, bisa sharaɗin a sa mota a cikin zanen. Aka sa. Suka zo suka ce ƙafafun motar sun yi ƙanƙanta. Mahauta biyu suka tsaya a rana suna musu a kan yadda ake riƙe wuƙa, kowa ya ce nasa ne daidai, har ta zana wuƙar a kan teburi ba hannun kowa a jikinta.

Tun bayan kaka ake aikin har zafi ya shigo. Gulbi ya bi tsawon bangon, da kwale-kwale, da rumfunan kasuwa, da mata ɗauke da ƙwarya sun ba da baya, zayyanar Kawu ta kewaye su. Yaran da ba a ganinsu sai an bi su gida suka riƙa zuwa da wuri. Masu wucewa da jakuna suna rage tafiya.

Ana nan sai labari ya zo gwamnan soja zai ratsa Jega a rangadi.

A wancan zamani, kuma ban ce an daina ba, babban baƙo da farar ƙasa tare suke tafiya. Da zarar an ce wani zai zo, a jiƙa ta a duro, a raba wa yara tsintsiya. A jera duwatsu a bakin hanya a shafe su. A shafe gindin kowace bishiya har ƙugu. A shafe bango, a shafe tsohon ƙarfen mota da ake kaɗawa a matsayin ƙararrawa. Bangon da bai sha sabon fari ba daidai yake da a tarbi baƙo ba a yi shara ba. Wannan mun tashi mun tarar da shi, ba wanda yake tambayar dalili.

Hedimastanmu dattijo ne mai sanyin magana, wanda ya sauke Alƙur'ani kafin ya shiga boko. Ranar Alhamis ya zo ya tsaya gaban zanen, hannuwa a baya, ya daɗe yana kallo. Ya yaba ƙwarai. Sannan ya ce in tambaye ta ko yara sun iya, ko sun riƙe shi duka. Na tambaya kamar yadda ya faɗa. Anti ta ji daɗi, ta kira 'yan mata uku, suka nuna masa wurin da kowace ta zana, suka faɗi yadda ake haɗa kowane launi ba tuntuɓe. Ya ce madalla, alhamdu lillahi, ya tafi.

Ranar Litinin muka tarar da bangon fari fat, har yana kashe ido.

Anti ta tsaya a tsakiyar hanya. Ta yi magana mai tsawo da Sifaniyanci, harshen da take komawa gare shi in ranta ya ɓaci, wanda kuma ba ya cikin aikina. Daga nan ta nufi ofis, ina biye. Hedimasta ya tarbe mu da fara'a, ga alama godiya yake jira. Na isar masa da tambayarta, ina zanen ya tafi.

"Ai Malama da bakinta ta ce yara sun iya," in ji shi. "Abin da anka karanta anka iya, wanke shi akai a rubuta na gaba. Ga shi mun gyara mata bangon tas. Sau biyu na sa anka shafa, don jar ƙasar nan tana ta leƙowa."

Sai da na zaunar da ita na yi mata bayanin allo. Yaro ya rubuta, ya karanta har ya riƙe, malam ya saurara, a wanke, a rubuta na gaba. Allon da ya daɗe da rubutu ɗaya shaida ce mai shi ba ya ganewa. A wurin hedimasta, barin zanen nan har baƙo ya gani tamkar a ce 'yan ajinta sun yi wata da watanni a kan darasi ɗaya ne. Mutuncinta ya kare. Sai ta ce in tambaye shi, allon zayyana fa, shi ma wankewa ake yi? Ya ce a'a, wannan na sauka ne, sau ɗaya ake yinsa a rayuwa. Ya tambaya cikin ladabi ko yaran nan sun sauke zane ne.

Na fassara wannan ma. Na sha tunani a kan ranar nan bayan da fassara ta zama sana'ata. Ba kalmar da ta ɓata tsakaninsu, kowa ya ji abin da ɗan'uwansa ya faɗa, kuma bai amfana musu komai ba.

Washegari aka jera yara a rana da 'yan tutoci tun hantsi. Motocin gwamna suka wuce ba su ko rage gudu ba.

A hanyarmu ta komawa gida ta faɗa mini, da 'yar Hausar da ta fara haɗawa, cewa abu ɗaya take nema a ƙasar nan, bango guda nata da zai kai shekara a tsaye. Na ce wannan ai mai sauƙi ne. Har yau ina mamakin bakin da na faɗi haka da shi.

Ta sake zana bangon Jega. Hedimasta ya yi alkawarin ba zai shafe ba, ya kuma riƙe, sai dai an yi masa canjin wuri kafin damina. Wanda ya gaje shi ya sa aka shafe makarantar duka ranar da ya kama aiki, don a san an yi sabon hedimasta.

Daga baya aka mayar da yayana Aliero a matsayin malamin gona, ita ma aka mayar da ita wata firamare a can. Nakan je musu hutu. Ranar da ta fara ganin fadama lokacin cirar albasa, mutane sun sunkuya jere da jere, ta zauna a kan kunyar gona. Ta ce haka ta san mahaifinta, a sunkuye, bayansa ta fi sani da fuskarsa. Ba a daɗe ba labarin rasuwarsa ya iso, bayan an yi makonni da binne shi. Tana da tsohon ciki, ba halin tafiya.

Bangon Aliero saboda shi ta yi. Amma kafin ta taɓa shi sai da ta tara hedimasta da malamai da wakilan iyaye, ta yi musu jawabi da bakinta ba tafinta. Ta ce wanga ba darasi ba ne, ba a wanke shi, ko yara sun iya ko ba su iya ba. Ta ba su labarin Jega, suka yi ta salati suna mamakin mutanen Jega. Hedimastan, wani mai fara'a ɗan garin Kashin Zama, ya dafa ƙirji ya ce muddin yana kujerar nan ba mai shafe zanen Malama.

A sama ta zana masu cirar albasa, malafa bayan malafa, har suka ƙanƙance a nesa. Wannan yara suka yi tare da ita. A ƙasa kuwa, inda ƙaramin yaro zai iya taɓawa, ta zana hannuwa biyu manya riƙe da albasa, da ƙasa a jikin saiwar. Wannan ita kaɗai ta yi. Ɗan ƙaramin yatsan hagu a karkace yake, ta ce tun mahaifinta yana saurayi akwatin kaya ya danne shi. Manoma sukan tsaya su kwatanta nasu hannun da shi.

Ta zo Jega wankan jego a ɗakin Inna, sai aka ce kwamishina zai je Aliero. Umarni ya sauko a shafe kowace makaranta. Hedimasta ya tsinci kansa tsakanin umarni da alkawari, ya kwana biyu yana shawara da malamai, har suka samo abin da suka kira tsaka-tsaki. Za a yi wa bangon yadda ake yi wa bishiya. Ya sa aka ja igiya daga wannan kusurwa zuwa waccan don layin ya miƙe, aka shafe daga ƙasa zuwa ƙugu.

Ni na raka ta komawa, jaririya a bayana. Muka tarar da malafu da bayan mutane suna shawagi a kan fari, kamar ruwa ya cinye su har ƙirji. Hedimasta ya fito da sauri yana murmushi.

"Malama, kin ga na cika alkawari. Rabi kurum munka ɗauka. Munka bar maki na sama, shi ne mai kyan, shi ido ke gani daga hanya. Na ƙasa ai hannuwa ne kawai."

Wannan karon ko Sifaniyanci ba ta yi ba. Ta nemi ruwa da tsumma, ta durƙusa ta gwada goge wuri ɗaya a hankali. Farar ƙasar ta fita, ta tafi da launin da ke ƙarƙashinta, ya rage laka. Ta matse tsumman, ta shanya a kan igiyar da suka bari, ta karɓi 'yarta.

A makon nan ta rabar da gwangwanayenta. Ta koma koyar da abin da manhaja ta ce, a zana kofi, a zana bokiti. Ta zana a allon aji da alli, ta goge da kanta kafin a kaɗa ƙararrawa. Yayana ya ce ta huta da wahala, wanda ya nuna mini karatun gona ba ya koya wa mutum komai game da matarsa. Inna ce ta ce Amarya ba ta da lafiya, ko da yake tana ci tana sha. Da Anti ta fara zancen kai yara su ga danginta, Inna ta daina barci, don ta tabbata in sun tafi ba za su dawo ba.

Ni kuwa haushin kowa nake ji, har da ita. Na ce ta zana a katako ko a yadi mana, abin da za a iya ɗaukewa in an ga duro ya fito. Ta ce abin da ake ɗaukewa ofis ake kai shi a kulle, sai hedimasta da ɓera su riƙa kallo. Na ce to ta zana a cikin aji. Ta ce manomi ba ya shiga aji. Duk hanyar da na kawo tana da dalilin ƙinta, kuma abin da ya fi ba ni haushi, dalilan nata daidai ne.

A tsakanin nan na bar koyarwa na koma aikin rediyo a Sakkwato. Cikin abubuwan da nake karantawa har da sanarwar rangadin manya. Yayana da Anti kuma aka sake mayar da su, wannan karon Maiyama. Shekaru suka wuce ba ta taɓa bango ba.

Wata Sallah muka haɗu a Jega, muka je gaida Kawu. An shafe zaurensa da farar ƙasa kamar yadda ake yi kowace Sallah. Anti tana gaba, sai ta tsaya cak a bakin ƙofa ta ɗaga kai, ta tare hanya, ga rana, ga yara suna turo ni ta baya. Na ce Anti ki shiga mana. Ta tambaye ni tun yaushe ake shafe adon nan na saman ƙofa. Na ce tun kafin a haife ni. Ta miƙa hannu ta bi kwarin zanen da yatsa. Magina sun yi shi da tudu da kwari, laka a kan laka, don haka fari ya hau kansa sau ba adadi, yana nan yadda yake. Ta wuce ƙarƙashinsa tun zuwanta garin nan, ni kuwa tun ina rarrafe.

Bayan gaisuwa ta tambayi Kawu ko hukunci ɗaya ne in zanen yana da tudu. Ya ce a'a, wannan ya fi tsanani, tunda abin da ke da inuwa ya kusanci gunki. Ba mutum, ba dabba, ko da sun ba da baya. Ta ce hannu fa, hannu kawai ba jiki. Ya shafa gemu ya yi nazari, ya ce hannu shi kaɗai ba ya rayuwa, ta yi abinta.

A Maiyama yara sun yi wa makarantar yawa, iyaye suka yi gayya suna gina ƙarin aji da tubali. Ta nemi a ba ta fuskar bangon ta waje tun laka ba ta bushe ba. Magina ba su so mace da 'yan mata su taɓa musu aiki ba. Ta kai goro, ta koma ta sake kai goro, suka ce ta yi amma in ya faɗi ba ruwansu. Ita da 'yan ajinta suka kwaɓa laka da yankakkiyar ciyawa da ruwan makuba, suka riƙa ɗorawa da hannu, kaurin tafi. Suka fitar da zangarniyar gero, da albasa, da igiyar ruwan gulbi, da ƙulle-ƙullen zayyana. A tsakiya ta sa hannuwan nan biyu. Kafin ta sa su sai da ta kira malamin da ya fi kowa tsawo a makarantar, ta jingina shi da bango, ta yi alama a ƙugunsa, ta ɗaga aikinta sama da nan sosai. Malamin bai san dalili ba, ba ta kuma gaya masa ba.

Da na je na gani, na tambaye ta ina launi. Ita da ba ta iya ganin ƙwarya ba ta yi mata ja da shuɗi ba.

"Ƙanwa, na gaji da ciyar da farar ƙasa," in ji ta. "Ta ci ja, ta ci shuɗi, ta ci ubana. Yanzu ta zo ta ci laka in tana iyawa."

Ba a jima ba na karanta a rediyo cewa gwamna zai kai rangadi Maiyama. Na gama aiki na nufi tasha. Hedimastan can matashi ne, ya kuma ji labarin Jega da Aliero, don labarin ya zaga makarantun yankin. Umarni ya zo masa, ya rasa yadda zai yi, sai ya riƙa ɓuya. In ta shigo ta gabas ya fita ta yamma. An shafe duwatsu, an shafe bishiyoyi, an bar bangonta ja a tsakiyar fari. Ranar Asabar ta same shi a bayan ofis, bokiti a hannunta.

"Ranka ya daɗe, ina farar ƙasar wanga bango?"

"Malama, wallahi ban ce a taɓa shi ba. Tambayi kowa."

"Ni na ce. A ba ni tsintsiya."

Ya dube ni yana neman in gaya masa ko gatse take yi. Na ce ya ba ta. Ita ta fara shafawa, daga hannuwan ta fara, sannan 'yan mata suka kama. Da rana ta karkata, inuwa ta kwanta a kowane kwari, gero ya fito ƙwaya-ƙwaya, karkataccen yatsan nan ana ganinsa tun daga hanya. Na ce mata ya yi kyau. Ta ce kyan dole ne, ta tafi wanke hannu.

Wannan baƙon ya tsaya. Ya sauko daga mota, ya dubi bangon, ya yaba da aikin tsofaffin maginanmu, ya hori matasa su riƙe abin da kakanni suka bari. Ginin ko shekara bai yi ba. Hedimasta ya ce ranka ya daɗe. Anti tana tsaye cikin malamai mata, na matsa kusa na ce ko in yi magana. Ta ce in rufe bakina, in suna ganin na kakanni ne za su ji tsoron rushe shi.

Bangon ya kai shekara. Ya kai wata, ya ƙara wata. Zancen tafiya da yara ya mutu da kansa, Inna ta koma barcinta. Daga baya sun je sun ga dangi, sun dawo.

Sai dai farar ƙasa ba ta haƙura ba. Zauren Kawu sau biyu a shekara yake shan ta, makarantar gwamnati kuwa duk wanda ya sami sabon muƙami sai ya zo an gan shi. Shafi a kan shafi, kwarin zanen ya fara cikewa. Albasa ta koma kamar ƙwai, yatsun suka fara haɗewa da juna. Saboda haka duk baƙon da ya zo ya tafi, washegari Anti ta fito da 'yan ajinta, kowace da cokali, su bi kowane kwari da ƙotar cokalin suna kankarewa. Haka ta yi har ta yi ritaya. Ɗalibanta da suka zama malamai sun yi irin bangon nan a ƙauyukan da aka tura su, har wajen Kimba na ga ɗaya, kuma kowace ta san sai ta ajiye cokali a aljihun teburi. A ƙasar da ta zo koyar da launi, abin da ta bari kenan, farin bango da ƙotar cokali.

Ranar da aka ce an yanke mana sabuwar jiha ina Maiyama. Gari ya ruɗe da murna, motoci suna ta oda, yayana ya kasa zama. Anti tana tsakar gida tana tsince shinkafa. Ta tambaye ni, tunda ni ce ta rediyo, me wannan zai sauya. Na ce za a sami sabon gwamna da sababbin kwamishinoni da sababbin kantomomi, kuma kowannensu zai so ya zaga ya ga jama'a.

Ta ajiye faifan. Sannan ta kira babbar 'yarta, ta aike ta kasuwa ta sayo cokula.